Ɗan Fari Zai Shiga Aji Ɗaya

Litinin, 12 ga Disamba, 1955, da hantsi

Dada, uwar maigida, ta fita roron auduga, gidan ya yi tsit har ina jin kurciyoyin kan dutse. Na ɗauko littafin nan da maigida ya bari, da guntun fensirinsa. Rabona da rubutu tun ina aji uku a Kankara. Amma ba ni da wanda zan yi wa magana, to bari in yi wa takarda.

Jiya mai shela ya zaga Faskari, wai za a ɗebi sababbin yara a makarantar elementare. Gari ya ruɗe, kowace uwa na neman inda za ta cusa nata. Na jiyo Mero maƙwabciyata ta katanga tana shawarar ko 'yarta Nana za ta shige rumbun gero. Ni kaɗai ce a unguwar nan nake roƙon Allah a ɗauki nawa.

Ranar da aka tafi da maigida Katsina neman magani bai ba kowa hannu ba. Hannayensa na cikin riga. A bakin zaure ya ce wa Dada, "A sa yaron ga makaranta." Bai shafa kan yaron ba, ko da yake na ga yana so.

Yaron ɗan farina ne. Mu a garinmu Pauwa uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta yabonsa, ba ta zaunar da shi ta yi masa hira. Abin kunya ne, haka aka yi mini, haka nake yi. Tun yaye yake kwana ɗakin Dada. Ita ta sa masa Ɗanliti, ko wannan ma sai dai in rubuta shi in wani ya faɗa.

Laraba, bayan azahar

Motar Funtuwa ta zo ta koma. Ba saƙo.

Juma'a, da la'asar

Mero ta daina aiko Nana aron rariya. Da kullum ne, har nakan ce rariyar nan ta fi sanin gidansu da namu. Yanzu rariyata na rataye tana hutawa. Masu sayen zarena ma sai su tsaya daga waje su ce a miƙo.

Akushin maigida na nan inda Dada ta kife shi, shi kaɗai, nesa da sauran. Na ce a bar shi a wurin.

Na yi gyangyaɗi ina kaɗi. Sai ga ni a ajinmu na Kankara, a zaune kan yashi, muna rubuta baƙaƙe da yatsa. Duk wanda na rubuta sai ya miƙe ya bi ɗan'uwansa su fita ta ƙofa a jere, ni kuwa ina dariya ina ƙara rubutawa. Na farka mazari ya faɗi, zare ya tsinke.

Lahadi, 18 ga wata, da hantsi

Dada na yi wa yaron wanka a bayan ɗaki, na zo wucewa da tulu. Ya ɗaga hannun dama. A haƙarƙarinsa, ƙasa da hammata, akwai wuri mai haske, bai fi faɗin babban yatsa ba.

Na wuce. Na ajiye tulun. Na dawo na sake ɗauka ban san inda zan kai shi ba.

Na ubansa a damtse ya fara. Mun ɗauka ba komai ba ne, sai ranar da garwashi ya faɗo masa a wurin yana ta hira da baƙo, ni na jiyo ƙauri kafin shi ya waiwaya.

Ina jin tsoro. Na rubuta, na gani da idona, ina jin tsoro.

Litinin, bayan asuba

Dada ma ta gani. Ba ta ce ba, ban ce ba.

Alhamis, 22 ga wata, da yamma

Baba Rabo, yayan maigida, ya zo daga Damari kan jakinsa. Ya kawo dawa da daddawa, Allah ya saka masa. Ruwa kuwa bai sha ba, wai bai daɗe da sha a hanya ba, ga leɓɓansa a bushe. Ya zauna bakin ƙofar Dada, ni ina daga ciki a durƙushe.

Ya ce, "Dada, ku ba ni Ɗanliti in tahi da shi. Can ba wanda ya san mu da komi. Shi yi noma, shi yi kiwo, in ya girma in yi mashi aure. Nan ko kun kai shi bokon, wa za ya bar ɗanshi shi zauna kusa da ɗan..."

Ya faɗi kalmar. Ba zan rubuta ta ba.

Dada ta ce, "Ubanshi ya ce a sa shi."

"Ubanshi na ina? Zulai, ke ba ki cewa komi? Ke da kin ka yi bokon, mi ya ƙara maki?"

Na ce, "Allah shi huci zuciyarka, Baba." Abin da ke bakina ke nan. Abin da ke cikina kuwa, da na fito da shi da jakin ma ya ji kunya. Mutumin da ke tsoron moɗar gidan ƙaninsa shi ne zai riƙe mini ɗa.

Amma ba mugu ba ne, kuma wannan ne ya fi damuna. Ya ce zai dawo ranar da za a buɗe makaranta. In yaron bai shiga aji ba, zai aza shi a jaki.

Asabar, da hantsi

Ina shiɓar auduga, yaron na zaune gindin rumbu yana ɗinke wa motarsa ta kara ƙafa. Tsakaninmu bai fi tsawon tabarma biyu ba. Na kalle shi ta gefen ido na yi ta yi masa magana a zuci.

Da ɗan wata ne, da na kira shi na ce zo nan. Na ce makaranta ɗaki ne kawai mai tagogi, da baƙin allo a bango. Allin da malam ke rubutu da shi fari ne irin wanda nake shafawa a yatsa in zan yi kaɗi. Na ce ranar farko za ka ji kamar cikinka zai zube, kowa ma haka yake ji, har mai babbar murya. Na ce akwai ranar da za ka dubi takarda ka ji tana magana, ranar ba za ka iya cin tuwo ba don murna.

Ya ɗago kai, na mayar da idona kan auduga. Na ce, "Kai, kore kajin can." Ya tashi ya kore.

Litinin

Ba saƙo. Na yi ta kaɗi har yatsana ya yi kanta.

Alhamis, 29 ga wata, bayan azahar

Yau aka yi ɗibar yara a ƙofar gidan hakimi. Ni ba na fita, Dada ce ta kai shi, ita ta ba ni labari tana yi tana share ido da gefen zane.

Ba a tambayar shekaru, wa ya sani. Yaro zai ɗora hannun dama bisa kansa ya kamo kunnen hagu. In ya kamo ya isa makaranta, in bai kamo ba sai baɗi. Dada ta ce yau ta ga abin mamaki, samari masu shirin gemu duk hannuwansu sun gajarce, iyaye sun koya musu tun a gida. Nana ma an koya mata, amma da ta ga dogari ta rikice ta cafke kunnen har da ja. Aka rubuta ta, Mero ta dasa kuka.

Aka zo kan namu. Ya ɗaga hannu ya kamo kunnen tun ba a gama faɗa ba. Taguwarsa ta yaye ta gefe.

Ashe da asuba Dada ta shafa wa wurin shuni, irin na rawanin marigayi mijinta, wai don ya saje da fata. Ba ta gaya mini ba. Yaro ya yi tafiya, ya tsaya a rana, gumi ya kwaso shunin ya gangaro har ƙugu. Abin da ba wanda zai lura da shi, sai ga shi an yi masa zane kowa na kallo. Yaran da ke kusa da shi iyayensu suka janye su.

Malam Harisu, malamin aji ɗaya, ya sa aka kawo ruwa ya wanke da hannunsa. Ya daɗe yana dubawa. Ya ce shi ba zai ce e ba, ba zai ce a'a ba, sai malamin asibiti ya zo daga Funtuwa mako mai zuwa. Bai rubuta sunan ba.

Na ce, "Haba Dada, shuni? Yaro ne ko rawani?" Ban taɓa ɗaga mata murya ba sai yau. Ta ce, "Ɗiyata, ni ma tsoro nike ji." Sai na rasa inda zan sa fushin, na je na daka dawar da ba a bukata.

Asabar, da la'asar

Yaron bai fita wasa ba. Motar karan na gindin rumbu, awaki sun cinye mata kai.

Lahadi, ban san ko nawa ga wata ba

Mafarkin nan ya sake zuwa, amma daban. Na hau dutsen bayan gari, ni da ban taɓa hawansa ba. Gonaki duk sun yi fari, ba a tsince ko ɗaya ba. Can ƙasa ga yara a jere za su makaranta, ga nawa a ƙarshe, an bar fili tsakaninsa da su. Na buɗe baki na kira sunansa na yanka da ƙarfi. Duk garin ya ji. Ba wanda ya yi dariya, ba wanda ya ce Zulaihatu ba ta da kunya. Ya waiwayo yana neman mai kiran.

Na tashi bakina a buɗe. Na yi ta sauraro ko Dada ta ji, na ji tana tasbihi kawai.

Talata, 3 ga Janairu, da yamma

Malam Mani mai fataucin fata ya dawo daga Katsina, ya tsaya a zaure. Ya ce ya je har can wajen gari inda masu jinyar suke. Ya ga maigida daga nesa yana ban ruwa a wani ɗan lambu. Ana ba su wata sabuwar ƙwaya, wai akwai waɗanda aka sallama. Ya ce maigida ya tambaya ko an ɗauki yaron.

Dada ta ce, "Mi ka ce mashi?"

"Na ce ana nan ana shiri."

Na roƙi Dada ta tambaye shi labarin hannuwan maigida. Ta ƙi.

Laraba

Gobe.

Alhamis, 5 ga wata, bayan azahar

Malamin asibiti ya zo kan keke, Malam Harisu ya rako shi har zaurenmu. Na manne da bangon ciki. Na ji malamin asibitin ya ce a samo masa 'yar auduga. Na zaɓo wadda ta fi laushi cikin shiɓata, Dada ta miƙa.

Na ji ya ce, "Rufe idonka, samari. Kada ka leƙa. Duk inda ka ji an taɓa ka, sa yatsa ka nuna."



Sai na ji 'yar muryar, "Nan."

"Madalla. Yanzu fa?"

"Nan."

Aka yi ta yi, baya, wuya, kafaɗa. Na san bai zo wurin ba tukuna. Na kama bango har ƙasa ta shige mini farce. Sai amsar ta yi jinkiri, na ji Dada ta ce innalillahi a hankali.

"Nan. Kai, da ƙaiƙayi!"

Malamin ya yi dariya. Ya sake, ya sake, yaron na cewa nan. Ya kankare wurin da farce ya ce, "Baba tsohuwa, ƙyasbi ne. Rabin yaran garin nan suna da shi. Ga mai, a riƙa shafawa, shuni kuma a bar wa rawani." Ya ce duk da haka zai riƙa duba shi in ya zo, saboda gidan da ya fito. Malam Harisu ya ce ya rubuta, Litinin da safe.

Na zauna a ƙasa inda nake. Tuwon rana ya ƙone, yau ba wanda ya yi magana.

Asabar, da hantsi

Na ɗauka an gama. Ashe ba a gama ba.

Yaron ya ce wa Dada ba shi zuwa makarantar. Jiya ya fita karon farko, yaran gidan Lawwali mahauci suka ce masa ko ya je ba mai zama benci ɗaya da shi, an gaya musu a gida. Suka kira shi da sunan nan. Ya ce gara ya bi Baba Rabo, can awaki ba su san kowa ba.

Dada ta yi lallashi, ta yi masa wasan jika, ta ce in bai je ba ta sake miji. Ta yi alkawarin alewa. Ya juya wa bango fuska. Ta zo ta same ni a madafa ta ce, "Ni na yi iyakata. Ban san abin da ke cikin ɗakin nan nasu ba balle in hwaɗa mashi. Ke kin sani."

Na ce, "Dada, in zaunar da shi? A gabanki?"

Ta ce, "Ni ban ce ba." Ta fita.

Na wanke masa taguwa na shanya. Na ɗinka masa jakar allo da ragowar sawayen da na saƙa wa ubansa. Na rataye a ƙofar ɗakinsu ba tare da na ce ga shi ba. Har yanzu tana nan a rataye.

Lahadi, bayan magariba

Baba Rabo ya iso. Jakin na ɗaure a ƙofar gida.

Litinin, 9 ga Janairu, da hantsi

Bari in rubuta tun hannuna na iya riƙe fensir.

Da sassafe aka buga ƙarfen makaranta. Baba Rabo na zaure yana gyara akumarin jakinsa. Yaron na bayan rumbu a tsugune, ƙafafunsa kawai nake gani. Dada ta shige ɗaki ta ja tufaniya. Ni ina ta dama kokon da ya riga ya damu.

Sai ga kururuwa daga waje. Mero ce ta shigo, ta lulluɓa da zanen salla, tana jan Nana a ƙasa. Rabonta da gidan nan tun kafin a tafi da maigida. Ta tsaya daga nesa ta ce, "Zulai, don Allah ke da kin ka yi bokon, hwaɗa ma ɗiyar ga gaskiya. An ce mata ana yi masu allura a zuba su mota a kai su Turai. Dogari na bisa hanya, in ba ta tahi ba ubanta za a kama."

Na so in ce yau kuma gidan namu ya shigu? Na haɗiye. Na ajiye ludayi na durƙusa gaban Nana, na juya yadda fuskata ke kallon rumbu.

Na ce, "Nana, share hawaye ki ji. Ni na je na dawo, ga ni, ba wanda ya kai ni ko Malumfashi. Ɗaki ne da tagogi. Za a ba ki allo naki na kanki. Yau ba abin da za a tambaye ki sai sunanki, kin ko san shi. In fitsari ya kama ki, ɗaga yatsa. Malam na da bulala, ba ni yi maki ƙarya, amma ta fi zama bisa tebur. Kahin azahar kin dawo, tuwo na jiranki."

Ta rage kuka. Na ƙara murya.

"In kin shiga kin ga an matsa an bar maki benci, kada ki sadda kai. Zauna tsakiya, ki aje allonki gefe, ki dubi malam. Ba ki yi ma kowa komi ba. Wanda ya san aikin ya duba ya ce lahiya lau, to lahiya lau ne, ɗiyan mahauci ba su fi shi sani ba. Yau su matsa, gobe su matsa, ranar da lissahi ya kama su da ƙafarsu za su dawo leƙen allonki."

Mero ta dube ni, ta bi idona zuwa rumbu, ta ga ƙafafun. Na ga kunya ta kama ta har wuya. Sai ta ce, "Ƙara hwaɗa mata da ƙarhi, Zulai. Ɗiyar ga kunnenta na da nauyi."

Na ce, "In an tambaye ki ɗiyar wa ce, hwaɗi sunan ubanki yadda na bayan aji za ya ji. Mutumin kirki ne, ciwo ba laihi ba ne. Shina can shina jiran a ce mashi kin tahi. Kuma ki sani, duk sa'adda kike cikin ajin nan akwai wadda ke gida tana jin ƙarfen nan, tana alfahari da ke, ko ba ta hwaɗa ba. Tun ranar da aka haihe ki take yi."

Nana ta buɗe baki tana kallona, don ubanta na can gida lafiyarsa ƙalau yana shan koko. Na koma kan ludayina.

Ban ga tashin yaron ba. Na ji ƙarar igiyar shanya, na ji an zare jakar daga ƙofa. Baba Rabo ya leƙo daga zaure, ya duba, ya koma. Mero ta kama hannun 'yarta ta tura ta gaba, ta ce, "Bi Ɗanliti, ku tahi tare. Ki zauna inda ya zauna."

Ya sa taguwar a bai-bai, ba wanda ya gyara masa. A bakin zaure ya tsaya. Bai waiwayo ba, ƙeyarsa kawai nake gani da kunnuwan nan irin na ubansa.

Ya ce, "Nana, ce mata na ji."